Mai Fanka da Gonar Gwaggo

Shekara goma sha tara Mai Fanka ya yi yana gyaran fanka a ɗan shagonsa na ƙarƙashin matakalar bene, ba wanda ya taɓa kiransa Injiniya. Mai Aski ne ya jawo abin da ya biyo baya.

Mai Aski yana da akwatin gem na ƙwallo haɗe da talabijin, don masu jiran layi. Akwatin ya tsiri wata ɗabi'a: da wasa ya yi daɗi sai ya kama gurnani, hoto ya tsaya cak, ya mutu. Mai Fanka ya zo aski, ya kasa kunne, ya ce a miƙo masa. Da ya kwance murfin sai ga 'yar fanka a ciki, gashin kawunan mutanen layin na shekara uku ya naɗe ta tam. Ya tsince gashin, ya hura, ya mayar da murfi. Akwati ya tashi garau.

Washegari allo ya bayyana a bakin shagonsa: ASIBITIN GEM. KWAMFUTA, AKWATI, WAYA. INJINIYA YANA CIKI.

"An daɗe ana rufe mutane," yake gaya wa duk wanda ya tsaya, har da wanda ya tsaya ɗaure takalmi. "Gem ba ya mutuwa sai don zafi. Maganin zafi fanka. Fanka kuwa, ni ne. Nan da shekara zan fasa bangon nan in haɗe shagon kusa, in sa farar riga. Masu ƙera abin ma da kansu za su riƙa bugo mini waya."

Mako biyu asibiti bai ga majiyyaci ba. Ranar Asabar da hantsi aka buɗe tagar sama.

"Kai! Hawo."

Gwaggo ce, yayar mahaifinsa, tsohuwar shugabar makarantar firamare. Ciwon gwiwa ya hana ta sauka daga bene sai da babban dalili, shi ya sa 'yarta ta saya mata tabilet, babbar wayar nan mai faɗin faranti. A ciki Gwaggo ta kafa gona. Shekara biyu da wata huɗu tana noma: mataki na tamanin da bakwai, kadadar abarba, injin matse lemo, da shanu ashirin da ta raɗa wa kowacce sunan wata malama da ta taɓa aiki a ƙarƙashinta. Ita ce kuma shugabar wata ƙungiya ta tsofaffin malamai goma sha biyu a cikin gem ɗin. Kowane mako jirgin ruwa yana zuwa gonar kowa, a cika shi da kaya kafin ƙarfe huɗu na yammar Asabar. Dokar ƙungiya, wadda Gwaggo ce ta rubuta ta da hannunta, ta ce duk wadda jirginta ya tashi bai cika ba, ta sauka daga muƙaminta. Mai jiran kujerar kuwa ita ce tsohuwar mataimakiyarta a makaranta, wadda ta yi shekara goma sha ɗaya tana jiran kujerar ofis ba ta samu ba.

"Akwati tara ne a jirgin, na cika shida," in ji Gwaggo. "Tun safe yake mini haka. Duba."

Ta taɓa hoton gem ɗin. Wata saniya ta fito tana murmushi, wani koren layi ya fara tafiya a ƙasanta, ya kai rabi, sai fit, komai ya ɓace.

Mai Fanka ya yi dariyar manya. "Gwaggo, wannan ai atishawa ce a wurinmu."

"Ku su wa?"

"Mu injiniyoyi."

"Kai da na yi shekara biyu ina koya wa bakwai sau takwas?"

Ya yi kamar bai ji ba, ya zaro sukuddireba daga aljihu.

"Ka buɗe mini shi, in buɗe maka kai," in ji Gwaggo.

Ya mayar da sukuddireba. Ya kara tabilet a kunne, ya ji shiru. Ya bi gefe huɗu da bayan hannu yana neman inda iska ke fita, bai ji ko numfashi ba. Sai fuskarsa ta washe.

"Na gano. An cuce ki, Gwaggo. Kaya suka sayar miki ba fanka!"

"Shekara biyu yana aiki ba fankar."

"Haƙuri yake yi. Yau haƙurinsa ya ƙare."

Gwaggo ta dube shi ta saman tabarau, ta dubi agogon bango. 'Yarta tana wurin aiki a asibiti, kuma ba ta ɗaga waya in tana kan aiki.

"Ƙarfe goma yanzu. Sha biyu ina son gonata a cinyata."

"Sha ɗaya ma."

Duk fankokin shagonsa manya ne, na rufi da na tsaye. Ƙarama yake so. Sai ya tuna da Taifis, matar da ke buga takardu a shagon kusa. Ya same ta tana buga wa wata ɗaliba kundin kammala karatu mai shafi casa'in, wanda za a karɓa da yamma.

"Madam, ba kin ce gem ɗinki na karta yana sanƙarewa ba? Yau asibiti yana duba maƙwabta."

"Sau ɗaya ya yi, bara. Zan je ɗauko takarda a sito, minti goma. Ka duba da ido kawai."

Tana fita ya kashe kwamfutar ya kwance gefenta. Fanka biyu ya gani, ɗaya a baya, ɗaya a tsakiya zaune kan wani ƙarfe mai haƙora.

"Dubi almubazzaranci," ya ce. "Wani ba shi da ko ɗaya."

Ya ciro ta tsakiyar, da yake ta fi kyau. Wayarta ta ƙi fita, ya datse ta da filaya. Ya rufe, ya kunna, kwamfuta ta tashi kamar ba a yi komai ba.

A shagonsa ya manna fankar a bayan tabilet da baƙin salatif, ya ja waya zuwa tsohon batirin babur. Fanka ta ɗauka, fiii. Ya taɓa hoton gem. Saniya ta yi murmushi, koren layi ya kai rabi, fit.

"Ta yi ƙanƙanta," ya ce.

Bai rufe baki ba Taifis ta tsaya masa a ƙofa, hannu a ƙugu.

"Me ka yi wa kwamfutata?"

"Lafiyarta ƙalau, na duba."

"Sau uku tana mutuwa! Shafi na sittin da ɗaya na buga shi sau uku! Waccan mece ce a bayan farantin Gwaggo?"

"Aro ne."

"Aro? Wa ka tambaya?"

"Kwamfutar. Biyu gare ta."

"Kai ma ƙoda biyu gare ka. Kawo wuƙa in ari ɗaya."

Ya so ya mayar mata, to amma ya riga ya yanke kan wayar ya jefar. Ya rantse mata cewa wadda ta fi ta tana zuwa nan da minti goma, ya tsallaka titi.

Shagon Mai Aski ya cika. Direbobin tasha da makanikai suna da wasan ƙarshe na gem da ƙarfe sha biyu, har an ƙaro benci.

"Injiniya!" in ji Mai Aski, wanda shi kaɗai ne a layin yake kiransa haka da zuciya ɗaya.

"Na zo duba majiyyaci. Ka san asibiti, bayan aiki sai an koma ganin likita."

Ya ɗauki akwatin ya kai shagonsa, ya zare fankar, ya mayar da murfi, ya dawo da shi. A lissafinsa, akwatin da aka yi wa wanka mako biyu da suka wuce zai iya jure awa ɗaya da iskar Allah. Fankar akwatin kuwa da ya kai wa Taifis sai ta ƙi zama, don ba girmansu ɗaya ba. Ya ɗaure ta da robar taya. Da aka kunna, ta yi karkarwa, ta kuɓuce, ta faɗa cikin wayoyi, kwamfuta ta yi tsit.

"Tana sabawa ne," ya ce, yana ja da baya.

Ihun da ya taso daga tsallaken titi ne ya cece shi daga Taifis, ya kuma jefa shi a wani rikicin. Minti huɗu da fara wasa, ɗan wasan direbobi ya tsere wa kowa, daga shi sai mai tsaron gida, hoto ya tsaya. Wari kamar na ƙonannen takalmi ya cika shagon. Mai Aski, da ke aski ido na kan talabijin, ya zabura, injin askin ya share hanya ɗoɗar tun daga goshin wani ƙaton direba har ƙeya.

Mai Fanka bai jira ba. Ya rungumi tabilet ya zagaya ta bayan gini zuwa wurin Mai Lemo.

"Ara mini firiza na minti ashirin."

"Me za ka sa?"

"Gona."

Mai Lemo mutum ne mai son kallo, don haka ya buɗe. Aka kwantar da tabilet tsakanin kwalabe, da fankarsa da salatif ɗinsa. Mai Fanka ya tsuguna bayan firiza yana jin Mai Aski na tambayar mutane ko sun ga Injiniya, sai dai yanzu sunan ya sami ƙarin wasu kalmomi a gaba da baya.

Tabilet ya fito da sanyi kamar kifi. Yana shan iska ya fara gumi, fuskarsa ta yi hazo, ya shiga buɗe abubuwa da kansa: kalanda, kalkuleta, hoton jikan Gwaggo, kalanda kuma.

"Ka ga ƙarfi ya dawo masa," in ji Mai Fanka. "Har ya rasa inda zai sa kansa."

"Ni dai na ga kamar zazzaɓi," in ji Mai Lemo.

Ƙarfe ɗaya da rabi ya lallaɓa ya hau bene hannu wofi.

"Ina gonata?"

"Tana ɗakin hutu. An gama babban aiki. Fankarki ta tsaye nake so, da layin ƙaramar wayarki."

"Layina kuma?"

"Sabis ɗinsa ya yi rauni. In aka haɗa layi da layi sai ƙarfi ya ninku."

"Da na san haka za ka zama, da na bar ka a aji uku har yau. Ɗauka. Ƙarfe uku in ban gan ka ba, ni za ka gani."

Layin ya ƙi shiga ramin tabilet, ya jefa shi wani wuri don kada ya ɓata. Fankar Gwaggo kuwa ya cire mata raga don iska ta fito kai tsaye, sannan ya tsallake maɓallan gudu ya haɗa wuta da inji, yana cewa lamba uku ta yara ce. Ta yi gudun da ba ta taɓa yi ba tun da aka ƙera ta. Ta busar da tabilet tas, ta kwashe takardun shagon ta watsa a titi, ta yi tari, ta saki hayaƙi, ta tsaya.

Ya taɓa hoton gem. Saniya, murmushi, rabi, fit.

A nan ne gumi na gaske ya karyo masa. Ya zauna ya yi tunani irin na sana'arsa. In fanka ta gagara, me ake yi? A kwance ta gaba ɗaya, a zubar da tsohon gires, a sake ɗaurawa. Ya danne hoton saniyar da yatsa har wani ɗan kwandon shara ya fito. Tabilet ya tambaye shi ko ya tabbata, domin duk abin da ke ciki zai tafi.

"Tsohon gires," ya ce, ya danna.

Ya sake sauke gem ɗin sabo. Ya taɓa. Saniya ta yi murmushi, koren layi ya kai rabi, ya wuce rabi, ya cika. Kiɗa ya tashi.

Bai tsaya ganin sauran ba. Ya kife tabilet a ƙirji ya fito titi da gudu, ya haye bencin Mai Lemo.

"Jama'a! Masu zagi da masu tsegumi, ku matso!"

Suka kuwa matso: Mai Aski riƙe da akwatinsa, Taifis da ɗalibarta mai jan ido, direbobi, makanikai, da ƙaton direban nan da ya rufe kai da tawul.

"Kowane babban aiki yana da 'yan asarori. Amma ku saurari kiɗan nan. Gem ɗin da ya mutu tun safe ke nan. Ni na tashe shi, da hannun nan!"

Ƙwas, ƙwas, ƙwas. Sandar Gwaggo ce a kan matakala. Ƙarfe uku ta yi. Taro ya dare, Mai Lemo ya kawo kujera, ta zauna tana haki, ta miƙa hannu. Mai Fanka ya sauko ya ba ta da hannu biyu, yana kallon jama'a.

Gwaggo ta gyara tabarau. Fili ne fetal, duk ciyawa da duwatsu. A tsakiya ɗan tsako ɗaya yana tsattsagar ƙasa. Wani mutum-mutumi mai malafa ya leƙo daga gefe, rubutu ya fito a bakinsa. Ta karanta a fili, da muryar da take karanta sakamakon jarrabawa:

"Barka da zuwa, sabon manomi. Zo in koya maka yadda ake shuka."

Ta ɗago kai ta dubi Mai Fanka.

"Ina shanuna?"

Ya leƙa. "Wataƙila sun shiga inuwa."

"Ina abarbata? Ina injina? Karanta mini lambar can ta sama, kai mai ido."

"Ɗaya."

"Ɗaya. Daga tamanin da bakwai."

"Amma Gwaggo, ki lura, yanzu gem ɗin ba ya fita. Ko kaɗan ba ya fita."

"Riƙe mini tabarau," Gwaggo ta ce wa Taifis, ta juya sandarta ta kama ta ta ƙasa.

Allah ya taimake shi, a daidai nan 'yar Gwaggo ta sauka daga mota da kayan aikinta na nas. Ta dubi uwarta a titi, ta dubi taron, ta dubi abin da ke manne a bayan tabilet.

"Mama, ajiye sandar tukuna. Yaya, me ka yi? Bi da bi, kada ka tsallake komai."

Ya faɗa, yana ragewa, jama'a suna cikawa. Nas ta ɓare salatif a hankali, ta miƙa wa Taifis fankarta, ta goge tabilet da gefen mayafi.

"Gonar ba a cikin nan kaɗai take ba. Ranar da na saya na haɗa ta da lambar Mama. Zan sa lambar, su turo lambobin sirri, gona ta dawo. Mama, ina ƙaramar wayarki?"

Gwaggo ta ciro ta daga jaka. "Ga ta. Layin yana wurin Injiniya."

Ido ya koma kansa. Ya shafa aljihun riga, ya shafa na wando, ya cire hula ya leƙa.

"Na adana shi."

"A ina?"

"A inda nake adana ƙananan abubuwa."

Gwangwanin fenti ne babba, cike da noti da kusoshi da ƙananan ƙarafa na shekara goma sha tara. Aka juye shi a kan jarida a bakin titi. Direbobi da makanikai, da ɗazu kamar su cinye juna, suka durƙusa kafaɗa da kafaɗa suna tona. Uku da kwata ta wuce. Uku da rabi ta gota. Ƙaton direban ne ya ɗago da wani ɗan abu a kan yatsa, tawul ɗinsa ya zame, hanyar da ke kansa ta bayyana, ba wanda ya samu sukunin dariya sai Mai Lemo.

Aka sa layi, waya ta yi ƙara, Nas ta kwafe lambobi shida. Koren layi ya cika. Sai kukan shanu ashirin ya tashi a tsakiyar titi, ga abarba ta nuna jawur, ga jirgi a bakin ruwa. A gefe saƙon mataimakiya yana jira: "Shugaba, shiru? In gajiya ce ki faɗa, mu masu sauran ƙarfi muna nan."

"Kun gani!" Mai Fanka ya yi tsalle. "Ya buɗe ko bai buɗe ba? Ƙanwata, gaya musu!"

"Gaskiya sake saukewar ce ta gyara shi," in ji Nas. "Sabuntawar jiya ce ba ta sauka daidai ba. Aikin minti biyar ne, ba fanka, ba firiza. Da kuma ban haɗa gonar da lamba ba, da yanzu gawarka muke nema wa mota."

"Kun dai ji farkon maganar!"

Mai Aski ya kama hannun rigarsa na dama, Taifis ta kama na hagu, direban ya tsaya a bayansa ya tare rana.

"Ku sake shi," in ji Gwaggo, ba ta ɗago ba. "Ku bi layi. Nawa ne tukuna."

Saura minti ashirin, akwati uku. Sai an girbe abarba, an kai inji, an matse, an loda. Ba lokacin hawa bene, ko ta hau ma fankarta ta zama gawa. Zufa tana ɗiga daga haɓarta a kan gilashi, yatsanta yana zamewa, ta ɗebo abarba ta zube a hanya.

"Mai Lemo, yago mini kwali. Ba shi. Kai, tsaya nan. Fifita."

Mai Fanka ya dubi kwalin, ya dubi mutanen layin da suka yi da'ira, ya fara kaɗawa.

Akwati na bakwai ya cika. Makanikai suka ɗauki ƙirga. Na takwas ya cika saura minti bakwai. Injin matsewa ya tsaya yana juyi a kan kwalba ta ƙarshe, titi gaba ɗaya ya riƙe numfashi, ba abin da ake ji sai fat, fat, fat na kwali. Huɗu saura minti biyu Gwaggo ta ja kwalbar da yatsa ta jefa a akwati na tara. Jirgi ya busa ƙaho ya ɗaga. Direbobi suka rungumi makanikai.

Gwaggo ta rubuta wa mataimakiya kalma biyu, "Ina nan," ta jingina da kujera ta lumshe ido.

Mai Fanka ya sauke hannu yana murza kafaɗa.

"Wa ya kashe?" in ji Gwaggo, ido a rufe.

"Gwaggo, ai jirgin ya tashi."

"Ni ban tashi ba. Sa ta a lamba uku." Ta nuna hagu da dama da sanda. "Kuma ka riƙa juyawa. Taifis da Mai Aski ma suna jin zafi."